Kiɗan Jaki

Ranar wata Talata cikin kakar 1968 Hulusi Bey ya ɗauki kiɗan da Sermet ya tsara wa matarsa, ya shimfiɗa shi a ƙarƙashin mutuwar jaki.

Ba da mugunta ya yi ba; mugunta irin wannan sai mai ilimi. Hulusi furodusan fim ne da ya fara neman abinci da tallar safa a bakin gadar Galata ta Istanbul, kuma har ya koma ga Mahaliccinsa bai ga bambancin sana'o'in biyu ba: ka samo da araha, ka sayar kafin a ga hujin. A titin Yeshilcam na wancan zamani hoto ake ɗauka babu murya, daga baya waɗansu mutane dabam su shiga ɗaki su ara wa jarumai baki. Kiɗa kuwa ba a cika tsara shi ba, ɗauka ake yi. Akwai Sabit Usta mai haɗa sauti, da kabad ɗinsa cike da faya-fayan ƙasashen waje. In ana son tsoro ya ɗora allura a kan wani Bajamushe da ya daɗe a kabari, in ana son sumba ya ɗora ta a kan wani Bafaranshe da bai san ana yi ba. Sai furodusa ya yi mugun mafarki, ko ana shirin kai fim gasa, sannan ake tuna cewa garin na da masu tsara kiɗa, suna raye, kuma suna jin yunwa.

Sermet na cikinsu. Ya yi makarantar kiɗa, ya iya na gida ya iya na Turai, yana buga ud, garayar can, yana buga fiyano, kuma tun yana saurayi yake ɗauke da wani gagarumin aiki a ka, na makaɗa tamanin, wanda zai kai sunansa Biyana, birnin manyan makaɗan Turai. Kowane makaɗi a unguwar Beyoglu yana da irinsa, kamar yadda kowane direban tasi yake da filin da zai gina wata rana. Abin da ke ciyar da shi dai tarin fuka ne: budurwa ta yi tari a hankici, ta duba ta ga jini, Sermet ya shigo da goge.

Shekararsu goma da aure bai taɓa ce wa Nezihe yana sonta ba. Mazan zamaninsa ba sa faɗin haka, kifi suke kawowa gida. Ita ma ba ta nema ba. 'Yar wani mai duba tikiti ce a jirgin fiton Uskudar, ta gaji muryar ubanta da rashin yardarsa da ɗan Adam, tana ɗinki a gida, kuma mafi girman yabon da ta taɓa yi wa aikin mijinta shi ne, "Wannan bai sa ni ciwon kai ba." Amma wata safiya ya gan ta a taga tana shanya, tana zagin kyanwar maƙwabta ta gefen baki, sai wani kiɗa ya faɗo masa a ka ɗungurungum, daga farko har ƙarshe, kamar aike. Sarewa ɗaya ke buɗe shi can ƙasa, kamar baƙo mai jin nauyin shigowa, sannan goge biyu su tarbe ta. Ya san bai taɓa yin kamarsa ba, ya kuma zargi cewa ba zai sake ba. A nan dai ya yi gaskiya.

Tef na da tsada a lokacin, ba mai saye don nishaɗi. Saboda haka ranar da suka gama ɗaukar kiɗan wani fim na Hulusi, ya ga an bar 'yar wutsiya a jikin naɗin, sai ya roƙi makaɗa uku su dakata, suka buga shi sau ɗaya. Niyyarsa ya dawo ranar Laraba ya yanke wutsiyar, a kwafa masa a faifai, ya ajiye mata kusa da keken ɗinki ranar zagayowar aurensu, ya fice shan shayi kafin ta saurara.

Ranar Litinin masu sinimar Adana suka bugo waya. Su ke ba da kuɗin fim tun ba a rubuta shi ba, don haka su ne marubutan gaskiya. Suka ce fim ɗin baya mutum biyu kacal suka mutu a ciki, mata sun fito ido a bushe suna mita. Wannan karon a ƙara gawa. Hulusi ya duba hannunsa. Jarumin ya wuce wani fim, jarumar ta riga ta mutu a wannan, tsohuwar da ke fitowa a uwa kuwa ta rantse ba za ta sake mutuwa ba sai an sallame ta a kan mutuwar bara. Wanda ya rage shi ne jakin da aka yi haya daga wani mai sayar da ruwa a Kasimpasha. Aka jiƙa masa burodi da giya, ya ci, ya kwanta, ya lumshe ido cikin wata natsuwa da babu jarumin titin da ya taɓa kaiwa gare ta. Sabit Usta ya nemi abin ɗorawa a ƙarƙashi, ya bar tef ya ci gaba da juyawa bayan kiɗan ƙarshe, sai ga sarewa.

Da Sermet ya zo ranar Laraba aka ce masa tef ya fita, ya dawo jibi. A Yeshilcam jibi ba rana ba ce, hali ne.

Ya ji abinsa ranar buɗe fim ɗin, a wata sinima ta Beyoglu, Nezihe na gefensa da ƙunshin 'ya'yan kabewa a cinya tana ɓarewa da haƙori. Jaki ya kwanta. Sarewa ta shigo. Ƙarar ɓare-ɓare ta ɗauke a duk faɗin zauren, sannan aka fara jan hanci, layi bayan layi, har wani ƙato a bayansu ya fashe da kuka yana kiran uwarsa. Sermet ya ji kamar an tuɓe shi a tsakiyar kasuwa ana tafa masa.

"Kai, Bey," in ji Nezihe ga mijinta, don haka matan can ke kiran maigida, a hanyarsu ta gangarawa bakin ruwa, tana fyace hanci, "ashe kana da zuciya."

"Nezihe…"

"Shekara goma ina kallonka kana kashe 'yan matan mutane da goge, ko gezau. Amma wannan! Allah sarki bawan Allah. Ka san shi ne da ma? Don wannan ba kiɗan wanda bai san mamaci ba ne."

A nan ya kamata ya faɗa. Maganar ba ta fi numfashi ɗaya ba. Amma ya dube ta, hanci ja, ɓawon kabewa manne a leɓe, ya auna yadda abin zai fito: abin da na ji game da ke, shi ne mutanen Istanbul suka ji yanzu game da jaki.

Ya ce, "Mun ɗan saba."

Washegari ya hau ofishin Hulusi, wanda ke saman wani shagon gahawa inda 'yan wasa marasa aiki ke zaman jiran a kira su su sha duka a hannun jarumi.

"Ustad!" Hulusi ya ware hannu. "Zo in sumbaci goshin nan. Adana ta bugo. Har maza, Ustad, maza masu gashin baki! An fito da wani mahauci a sume."

"Ka cire shi."

"Mahaucin?"

"Kiɗan. Ba na fim ba ne. Nawa ne."

"Naka. Madalla. Tef ɗin wa?"

"Naka ne, amma…"

"Ɗakin wa? Lantarkin wa? Shayin da mai sarewar nan ya yi ta kwankwaɗa, ubana ne ya taso daga kabari ya biya? Haba ɗan'uwana, kaza ta yi ƙwai a akurkina, ka ce na maƙwabci ne?"

"Hulusi abi, yayana, akwai wadda na tsara wa."

Hulusi ya ajiye carbi, ya tashi ya tura ƙofa, ya dawo da murya ƙasa-ƙasa. "Wace ce? Mai jan gashin nan da ke ara wa jarumai murya? A'a, kar ka faɗa, na gane. Ashe kai ma namiji ne, muna yi maka kallon liman. Yenge ta sani?" Haka yake kiran Nezihe, matar ɗan'uwa, shi da bai taɓa ɗaukar kowa ɗan'uwa ba sai zai ci shi.

Sermet zai iya cewa ta matarsa ce. Amma a titin nan, mutumin da aka ji ya yi wa matar aurensa kiɗa, gara a ce jaki ya yi wa. Kafin la'asar labarin ya sauka shagon gahawa, kuma zai bi shi har makabarta. Ya bar Hulusi da zatonsa.

"Bakina kabari ne," in ji Hulusi, yana dafa ƙirji. "Amma kiɗa ya tafi, Ustad. Yanzu haka yana cikin motocin ƙauyukan Anadolu, tare da kaji."

A kan matattakala Sermet ya yanke shawarar da ta cinye masa sauran rayuwa. Zai faɗa mata, tabbas, amma ba yanzu ba. Ba a ba mace kyauta da kashin jaki a jiki. Zai jira mutane su manta, ya sami fim na mutunci, ya ɗora kiɗan a inda ya dace, a ƙarƙashin namiji da mace suna kallon juna, sannan a cikin duhun sinima ya sunkuya ya ce mata, kin ji wannan? Shekara biyu, in ji shi, ko uku.

Mutanenmu suna manta firaminista kafin a sauke hotonsa daga bango, amma ba su manta jakin ba. Hulusi ma bai bari ba. Tun da tef nasa ne, ya sa kiɗan a mutuwar uwa, ya sa shi a makantar mawaƙiya, ya sa shi a inda attajiri ke jefa wa talaka kuɗi a fuska don ya rabu da 'yarsa. Ya ba da aronsa ga surukinsa, surukin ya ba wani Ba'iraniye. Aiki ya yi wa Sermet yawa har yana korar wani. Furodusoshin da jiya ba su san sunansa ba suka riƙa tare shi a hanya suna cewa, "Ustad, irin na jakin nan muke so, amma ya fi shi baƙin ciki." Ya yi musu fim sama da ɗari. Ya sayi gida a Kadikoy, ya saya wa Nezihe keken ɗinki mai lantarki, wanda ta ce yana gudu kamar an biyo shi. Gagarumin aikin makaɗa tamanin yana nan a kansa, ba ya cin abinci, ba ya biyan haya.

Damar da yake jira ta zo bayan shekara shida. Wani matashin darakta mai gemu ya dawo daga Faris da niyyar ceto talakan Anadolu ta hanyar nuna wa Turawa shi. Fim ne na gaske, mai tsawo, wanda ba a magana a cikinsa sai ta kama. Akwai wurin da makiyayi ke haɗuwa da yarinyar da yake so a bakin rijiya, su tsaya ba mai cewa uffan. Sermet ya ce zai yi aikin kyauta, sharaɗinsa ɗaya. Daraktan, da yake shekarun jakin duk a Faris ya yi su, ya saurari kiɗan ya ce wannan kukan ƙasa ne da kanta. Aka sake ɗaukarsa da makaɗa ashirin.

Ranar buɗewa Sermet ya sa kwat baƙa, ya sa Nezihe ta je gyaran gashi. Makiyayi ya iso rijiya. Yarinya ta ɗago. Sarewa ta shigo can ƙasa. Sermet ya karkata zuwa kunnen matarsa, ya buɗe baki.

Daga can sama, wurin kujerun araha, wani ya yi kukan jaki.

Ba ƙaramin gwani ba ne. Da ji ka san a ƙauye ya tashi. Wani ya amsa masa daga hagu. Kafin goge su tarbi sarewa, rabin zauren ya zama garke, 'yan jarida na layin gaba suna toshe baki da hankici, darakta ya miƙe yana yi wa jama'a ihu da Faransanci. Nezihe ta riƙe ciki, hawaye na wanke mata kwalli.

"Ka yi haƙuri, Bey," ta ce a jirgin fito, har lokacin tana shessheƙar dariya. "Wallahi na so in daure. Amma da yarinyar nan ta lumshe ido sai na ga kunnuwa."

"Jahilai ne."

"Jahilan ne suka saya mana gida. Kai ma da neman magana. Kayan mamaci ka ɗauka ka kai gidan biki, me kake so a yi?"

Daga nan komai ya gangara tare. Talabijin ya shiga gidaje, iyalai suka daina zuwa sinima, Yeshilcam ta koma yi wa gwauraye fim ɗin tsiraici, inda Hulusi ya gano cewa kiɗan, in an ƙara masa sauri, yana dacewa da mutum na gudu ba wando. Sojoji suka zo suka hana wannan, suka hana sauran ma. Titin ya mutu ba tare da ko goge ɗaya ba. Sermet ya koma buga fiyano a gidajen biki da koyar da 'ya'yan likitoci waɗanda ba su da kunne. Kiɗan kuwa bai yi ritaya ba. Masu motocin sayar da tukunyar gas suka ɗauke shi suka sa a lasifika, kullum da hantsi sai ya bi ta ƙarƙashin tagarsu, a karkace, kamar mashayi na komawa gida. 'Yan kallon ƙwallo suna rera shi ga ƙungiyar da aka ci. Jakin kansa, an ce, ya daɗe yana jan ruwa a Kasimpasha, ya mutu da tsufa, ba kiɗa.

Abin da mutum ya kasa faɗa ba ya zama shiru, wata magana yake komawa. Ta Sermet ta koma mita. Da safe jaki, da rana Hulusi, da yamma ƙasar da ba ta san darajar fasaha ba. Ya yi wa baƙi, ya yi wa mai gyaran famfo, ya yi wa likitan haƙori baki a buɗe. Nezihe ta jure shekaru, sannan ta kafa doka: ba a shigo da jaki teburin cin abinci.

Wata rana da azahar, shekara ashirin da wani abu bayan waccan Talatar, aka buga ƙararrawa. Hulusi ne, ya rame, ciwon suga ya ci rabinsa, ga sabon farin gemu da bai gama sabawa da fuskar ba, ga kwalin baklava, alkakin can, a hannu. Makka za shi. Nezihe ta ba shi silifan baƙi, ta zuba masa turaren lemo a tafi, ta kawo shayi.

"Kowa na zagaya, Ustad," in ji shi. "Tsofaffin jarumai, masu riƙe fitila, matan waɗanda suka rasu. Wata sai da ta jefe ni da takalmi sannan ta yafe. Kai kaɗai ka rage. Ka halatta mini haƙƙinka."

Amsar wannan sananniya ce. Mai tafiya Hajji, mai shiga tiyata, soja mai tafiya iyaka, duk wanda ya roƙa ana ce masa halal ne, ko da shi ya sace maka akuya. Ba don an yafe ba, don kar a ce.

"Ban halatta ba," in ji Sermet.

Cokalin Hulusi ya tsaya a cikin kofi.

"Sermet Bey!" Nezihe ba ta haɗa sunan da Bey sai abu ya kai maƙura.

"Me na ci maka?" in ji Hulusi. "In kuɗi ne…"

"Ba kuɗi ba ne."

"To mene ne? Ai wanda ya hana sai ya faɗi dalili, a gyara. Haka liman ya ce. Ni ba zan tsaya a Arfa da kai a wuyana ba, ga zafi ga suga."

"Jakin ne," in ji Nezihe. "Na rantse jakin ne. Ka gani ko, Hulusi Bey? Da shi nake karyawa, da shi nake kwana."

"Jaki?" Hulusi ya ɗaure goshi, sai fuskarsa ta washe. "Aa. Wancan." Ya kashe wa Sermet ido, ya yi gyaran murya. "Yenge, ko za ki ɗan duba mana shayi? 'Yar magana ce ta maza."

"Shayi ga shi a gabanka. Wace maganar maza ce a cikin jaki?"

"Ba komai, ƙuruciya ce, wa bai yi ba. Ita mai jan gashin ma ai ta riga mu, Allah ya jiƙanta."

"Wace mai jan gashi?"

Ga ƙofa an buɗe wa Sermet har bango. Magana ɗaya za ta wanke shi, ta kunyata Hulusi, ta sauke masa kayan shekara ashirin. Amma ya dubi wurin: Hulusi da zumar baklava a gemu, Nezihe ta riƙe ƙugu. Wace mace ce za ta yarda? Duk namijin da aka ritsa a lungu irin wannan abin da zai ce ke nan, ai don ke na yi. Zai zama ya ajiye maganar shekara da shekaru don ya kashe ta a matsayin ƙaryar tsira.

"Halal ne," ya ce. "Halal ne, halal ne. Tashi ka tafi Makkarka."

"Na ce wace mai jan gashi?"

"Jakanyar, yenge," in ji Hulusi, yana laluben takalmi. "Ai mace ce. Ja."

"Fim ɗin baƙi da fari ne."

"Shi ya sa ba ki lura ba."

Da ƙofa ta rufu Nezihe ta tattara kofuna. "Mai jan gashi," ta ce.

"Babu wata mai jan gashi, Hanim," in ji shi, yana kiranta uwargida da yaren can.

"Na sani. Wace mai jan gashi ce za ta kula ka, kai da ba ka iya daidaita maɓallin riga? Abin da ya dame ni shi ne ka tsayar da tsoho mai ciwo a kan dabba. Ka ji ni da kyau: dokar teburi ta koma ta gida duka. In na sake jin jaki a gidan nan, Uskudar zan koma, ko da kabarin babana zan kwana."

Hulusi ya je ya dawo Haji, fes kamar jariri, ya mutu bayan wata uku. Irin waɗannan kullum suna dacewa da lokaci.

Nezihe kuwa tsakuwa aka gano mata a maɗaciya, cikin wani sanyi, bayan 'yan shekaru. Likita ya ce ƙaramin aiki ne, har ya kwatanta da cire ƙaya. Ta cika tukwane da abinci, ta nuna wa Sermet wadda zai fara ci, ta wanke labule don kar a zo dubiya a ga datti. Da safe a cikin tasi, yana kallon ƙeyarta da ta yi furfura, ya gane abin da yaro ma zai gane tun tuni: kiɗan ba zai taɓa wankuwa ba. Babu fim ɗin da ke zuwa, babu ma titin. In za ta karɓa, da jakin a jiki za ta karɓa. Ya yanke cewa yau ne.

Aka sa mata rigar asibiti, aka kwantar da ita a gadon turawa. Ba tabarau, ba 'yan kunne, ta yi ƙanƙanta. Wani ma'aikaci mai ƙaton ciki ya kama gadon ya tsaya yana jira a bakin ƙofar tiyata.

"To, Bey," ta ce. "Ka halatta mini haƙƙinka."

"Wane haƙƙi gare ni? Ke za ki halatta."

"Ka faɗa dai, mutum na jira."

"Halal ne."

"Nawa ma halal ne. Ban da teburin da ka ƙona mini da sigari."

Ya kama ƙarfen gadon. "Nezihe, kiɗan nan…"

"Wanne?"

"Na jakin. Ina so in…"

"Wayyo ni! Yanka ni za a yi, mutumin nan yana ta jaki." Ta ɗaga ido ga ma'aikacin. "Ɗana, tura. Tura da sauri, in ya fara sai la'asar."

"Minti ɗaya, Hanim," in ji Sermet.

"In na fito. Na yi alkawari, in na fito zan saurara, tun da ba zan iya gudu ba. Ka kashe gas?"

"Na kashe."

Ƙofar ta buɗe, ta koma ta rufe.

A fim, da ta farka. Da ta buɗe ido a hankali, kwalliyarta ba ta goge ba, ta kama hannunsa ta ce, na sani, Sermet, tun ranar farko na sani. Shi da kansa ya yi wa irin wannan wuri kiɗa ya fi a ƙirga, ya san daidai inda goge ke shigowa. Amma zuciyar Nezihe ta tsaya a ƙarƙashin maganin barci, likita ya fito yana murza hula yana cewa ba a cika samun haka ba, abin da ke sanyaya ran kowa ban da wanda aka samu a kansa. Kuma ba ta sani ba. Ba mace ce mai sanin abu ta yi shiru ba; da ta sani, da ta yi masa gori da shi har ƙarshen duniya, da kuwa ya ji daɗi.

A harabar masallaci liman ya tambayi jama'a ko sun halatta mata haƙƙinsu, aka amsa sau uku. Masu rai kawai ake tambaya. Ba a taɓa jin liman ya juya ga makara ya ce, dakata, akwai mai sauran magana ba.

Sermet ya yi shekara tara bayanta, a gidan da ba mai hana shi ambaton jaki, kuma bai sake ambatonsa ba. Maganar dai tana nan inda ya baro ta a bakin ƙofar tiyata, gajeriya, ba ta da wuyar faɗa, ko mahaucin Adana zai iya:

Ba don jakin na yi ba, Nezihe. Don ke na yi.